Rabin Tulu

Zakiyya ta haura shekara arba'in. An ambaci sunanta a rediyo, an rubuta shi a allon sinima a Yamai da Wagadugu, har Turawa sun karya shi da harshensu sun sake gyarawa, amma ba ta taɓa jin sa daga bakin mahaifiyarta ba. Ita ce 'yar fari, Inna Delu kuwa mutuniyar da ce. In za ta kira ta sai ta ce "ke." In za ta yi zancenta da wani sai ta ce "'yar tsohuwa." Da sana'a ta kankama sai ta koma "mai kamarar nan." Ɗan'auta kuwa, ƙanin Zakiyya, ƙato ne mai gemu da 'ya'ya, amma sunansa ba ya hutawa a gidan. Ɗan'auta ka ci? Ɗan'auta sa hula, rana ta yi zafi. Ɗan'auta wa ya taɓa ka?

Ba wai Zakiyya ba ta san al'adar ba ce. Ta san ta sarai, har ta sha bayyana wa baƙi da Faransanci mai kyau: uwa na jin kunyar ɗanta na fari, ba ta kiran sunansa, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ko ciwo yake yi ba ta nuna ta damu, balle a gaban surukai. Ta iya wannan bayanin kamar karatun lakwal, wato makarantar boko. Abin da ba ta sani ba, wanda kuma ya daɗe yana ci mata rai, shi ne ko akwai wani abu a bayan kunyar nan, ko kuwa kunyar ce kawai, ba komai a bayanta. Wannan ba tambaya ba ce da ake yi wa uwa, don haka ta haɗiye ta, ta girma da ita.

Tun da aka yaye ta aka kai ta wurin Kaka Habiba, mahaifiyar babanta, a wani gida da ke jingine da dutse a cikin Birni, tsohuwar unguwar Damagaram, lungu ɗaya tsakaninsa da gidan iyayenta. Kaka Habiba 'yar ƙaramar tsohuwa ce mai baki kamar barkono. Tana soya ƙuli-ƙuli tana faɗa, tana salla ta idar ta ci gaba daga inda ta tsaya. Ita ce ta laƙaba wa Inna Delu sunan da ya bi ta har tsufa. Da ta hango ta a bakin ƙofa sai ta ɗaga murya, "Ga mai rabin tulu nan ta iso!" Kowa a dangi ya san ma'anar. A Damagaram, garin da ruwa ke wahalar da mutane tun kaka da kakanni, a ce mace ta taka har rijiya, ta bi layi, ta dawo da rabin tulu, ai ragwanci ya kai maƙura. Inna Delu ba ta taɓa tankawa ba, sai ta durƙusa ta gaida surukarta. Zakiyya tana ƙarama takan taya su dariya, da ƙarfi ma, don tana jin kamar an rama mata wani abu.

Kamara kuwa ba neman ta ta yi ba. Bayan ta gama lise, wato sakandare, tana zaune a gida, wani maƙwabcin babanta a kasuwa, mai ɗaukar bukukuwa a kaset, ya zo da kukansa. Namiji ne, ba a barin sa ya wuce zaure, alhali duk abin kallo na biki a cikin gida yake, wurin mata. Malam Mahamud, baban Zakiyya, baduku ne mai sauƙin kai. Ya ce in dai cikin mata za ta tsaya, ta je. Haka aka ɗora mata wata kamara mai nauyin turmi a kafaɗa, aka nuna mata inda ake dannawa.

Ba ta yi suna mai kyau a harkar biki ba, gaskiya. Masu biki na son a ɗauki amarya, da gwal, da lefe, da 'yan uwan da suka zo daga Kano. Zakiyya sai ta ɓace a bayan gida wurin masu tuwo, tana ɗaukar hannun wata tsohuwa mai kwasa da mara. Wata hajiya ta taɓa biyo ta har gida da kaset a hannu.

"Ke 'yar Mahamud, amarya muka kira ki ɗauka, kin ɗauko mana tukunya!"

Ta ba da haƙuri, amma ba ta daina ba. Ta lura cewa fuska ta iya ƙarya da zarar ta ga kamara, hannu kuwa yakan manta ana kallon sa.

A shekarun nan kurkunu na cin ƙafafun manoma a ƙauyukan Mirriya, daidai damina, lokacin da aka fi buƙatar ƙafar. Ma'aikatan lafiya sun raba ƙyallen tace ruwa gida-gida, cutar ba ta ja da baya yadda aka so ba, sai magana ta tashi a birni cewa mutanen ƙauye taurin kai gare su, wai mata sun mai da ƙyallen ɗankwali. Zakiyya ta ari kamarar biki ta hau motar Mirriya, daga can ta bi amalanke. Ta iske ƙyalle a ɗaure a bakin kowace randa, tsaf, ba wanda ya ɗaura shi a ka. Sai dai manomi ba a gida yake wuni ba. Yana gona, ƙishirwa ta kama shi da tsakar rana, ga tafki kusa, ga ƙyalle can gida. Abin da ta ɗauka ke nan: ƙafafu a kumbure, da mutum durƙushe a bakin tafki yana sha da tafin hannu. Ba za a ce fim ɗinta ne ya kori kurkunu ba, masu korar sa suna da yawa kuma sun fi ta wahala. Amma daga lokacin an rage zancen ɗankwali.

Daga nan hanya ta buɗe. Ta samu horo a Yamai, ta dawo da kamara mai sauƙin ɗauka da wata ɗabi'a da ke gajiyar da masu ba ta aiki. Ba ta fito da kamara daga jaka sai an daina ganin ta baƙuwa. Za ta zauna ta ɓare gyaɗa, ta taya sussuka, ta sha fura, ta ji gulmar gari, mutanen biro, can ofis, suna ta kiran salularta suna tambayar ina aka kwana. In kuma ta gama montaj, wato yanke hotunan da haɗa su, fim ba ya zuwa ko'ina sai mutanen da ke cikinsa sun fara ganin sa a bangon maigarinsu. Wanda ya ce a cire shi, ta cire shi, ko da shi ne gishirin fim ɗin. Abokan sana'arta sukan ce aikin Zakiyya dahuwar ganda ne, mai jin yunwa ya nemi wani abu kafin ya nuna.

Ta yi fim kan masu tallan ƙwayoyin magani a faranti a kasuwannin wajen Garagumsa, ta bar mai talla ya yi magana, ta bar mai saye ma ya faɗi nisan da ke tsakaninsa da likita. Ta yi wani a ƙauyukan Damagaram Takaya kan rigakafin shan inna, lokacin da wasu magidanta ke rufe ƙofa in sun hango masu ɗigo. Shi ne ya fi jawo mata zagi. Masu rigakafi suka ce ta ba masu ƙi bakin magana, masu ƙi suka ce 'yar gwamnati ce aka turo. Mijinta, mushe ne, wato malami, a wata lakwal, mutum mai haƙuri, ya ce mata tunda kowane ɓangare ya ji haushi, ta kwantar da hankalinta. Ta haifi 'yarta ta fari, Aliya, ta kuwa riƙa kiran sunanta da ƙarfi, da gangan, tana goya ta tana yi mata rawa a tsakar gidan Inna Delu. Tsohuwar sai ta kau da kai ta ce, "Zamani."

Maganar wata matashiya mai suna Balki ta taso ne a wata damina, kafin hatsi ya nuna, lokacin da rumbu ya yi ƙasa kuma yara masu tamowa suka cika likitocin ƙauye, wato ƙananan asibitoci. Ana ba irin waɗannan yara wani abinci na gyaɗa mai zaƙi a 'yar leda, kuma an daɗe ana raɗe-raɗi a gari cewa wasu iyaye mata na barin 'ya'yansu da yunwa da gangan don su karɓi ledar su kai kasuwa. Masu faɗa suna faɗa, masu musu suna musu, ba wanda ke da abin nunawa. Sai ga wani ɗan bidiyo ya fito, yana yawo daga salula zuwa salula.

Ɗan'auta ne ya nuna wa Zakiyya, yana tsaki. Wani ne ya ɗauka ta taga a wata likitar ƙauye. Wata matashiya ce zaune a gefen gado, ta ba wani ɗan yaro ramamme baya, idonta na kan ƙofa. Ma'aikaciya ta tambaye ta sunan yaron, ta yi shiru, ta ƙara sunkuyar da kai, sai wata dattijuwa a gefe ta amsa. A kan hoton an ɗora muryar wani namiji yana cewa jama'a su ga iyayen zamani, ko sunan ɗanta ba ta sani ba, leda ta zo karɓa.

"Kin gani ko, Yaya? Wannan ai aikinki ne. Ki tona musu asiri."

Zakiyya ta sake kallo. Ba fuskar ta tsaya kallo ba, bayan ta kalla. Ta san irin wannan bayan, a miƙe, a ƙage, kamar mai shi na riƙe numfashi. Tana kallon irinsa ta girma.

Ba ta sha wuyar gano likitar ba, can gaba da Mirriya. Majo Fati, ma'aikaciyar da aka ji muryarta a bidiyon, ta tarbe ta da fuska a ɗaure, ta ɗauka wata mai ɗauka ta taga ce ta zo. Da ta gane ko wace ce sai ta saki jiki.

"Madam, ɗan farinta ne. Ni na sani, kowa a nan ya sani. Ni ma bakina ne ya riga ni, da kakar zan tambaya. Bon, wannan ya wuce. Abin da ya dame ni, tun da abin nan ya fita Balki ba ta sake tako nan ba, kuma yaron bai gama magani ba. Ya fara ciko, aka janye shi. In ya sake komawa baya, ban san abin da zan ce miki ba. Ba ita kaɗai ba ma, masu 'ya'yan fari duk sun ja jiki, kowa na tsoron taga."

Zakiyya ta tafi ƙauyen su Balki, ta gaida bulama, ta sauka gidan kamar yadda ta saba, kamara a jaka. Surukar Balki ce ke magana, ita ce dattijuwar cikin bidiyon. Ta ce yaron sunansa Lawali. Ta ce ranar kasuwar Mirriya aka nuna Balki da baki, wasu samari suka kunna mata abin a gabanta, ta dawo ko cefanen ba ta yi ba. Tun ran nan ko rijiya sai ta ga ba kowa take zuwa. An yi lallashi, mijin ya yi faɗa, ta ce a kashe ta ya fi mata sauƙi da ta sake zama a gadon nan. Ita kuma tsohuwar, ciwon ƙafa ya hana ta kai shi ita kaɗai, ga shi yana shan nono.

Balki kuwa tana zaune a bakin tabarma tana ɓarar gyaɗa, yaron na kwance a bayanta. Sai da aka kwana biyu Zakiyya ta ga abin da take jira. Da hannu ɗaya Balki ke tura gyaɗa cikin ƙwarya, ɗayan yana baya, ƙarƙashin gefen zani, riƙe da tafin ƙafar yaron, babban yatsanta na shafa shi a hankali. Da surukar ta waiwayo sai hannun ya dawo gaba kamar ba a yi ba. Zakiyya ta nemi izini, aka ba ta, ta ɗauki hannun.

Amma ta san hannu kaɗai ba zai isa ba. Wanda ya ga uwa ta juya baya ya yanke hukunci, zai ce wannan shiri ne. Yaran birni da yawa yanzu ba su ma san da wannan kunyar ba. Tana buƙatar baki, bakin wata uwa da za ta faɗi abin da ke cikin zuciyar mai juya bayan. Ta bi tsofaffin ƙauyen ɗaya bayan ɗaya. Suka yi ta dariya suna rufe baki da gefen mayafi.

"Haba 'yar nan! Wa zai tsaya gaban jama'a ya ce yana son ɗan farinsa? Sai dai mara kunya."

Ta dawo Zinder ta ɗauki wani malamin jami'a, ya yi bayani mai kyau, da tarihi da komai. Da ta kalla a montaj sai ta ji kanta take ji tana yi wa baƙi Faransanci. Gaskiya ne duk, amma ba abin da zai tayar da Balki daga tabarma ba ne. Ga kwanaki na tafiya, kuma duk lokacin da ta kira Majo Fati amsar ɗaya ce, ba ta zo ba.

Wata la'asar ta biya gidansu a Birni, a gajiye. Ta buɗe ordinatar, kwamfutar aikinta, a kan tabarma tana nuna wa matar Ɗan'auta bidiyon tagar, da kuma hannun da ta ɗauka. Inna Delu na can gefe tana tsince zogale, ta ba su rabin baya, kamar ba ta ji. Sai da hoton ya ƙare ta yi magana, ba ta ɗago ba.

"Yaron ya samu sauƙi?"

"Ba ta mai da shi likita ba, Inna. Ta ce ba za ta iya ba."

Inna Delu ta ci gaba da tsince ganye a faifai. Zakiyya ta matsa kusa da ita.

"Inna, da za ki ce wani abu a kai. Ke kin san abin."

"Ni? A tele? Allah ya sawwaƙe. Ke dai ba ki da ta ido."

Zakiyya ta rufe ordinatar. Ba ta yi mamaki ba, amma ta ji zafi, irin zafin da ta ɗauka ta girme shi tuntuni.

Washegari da hantsi Ɗan'auta ya kira ta. "Yaya, Inna ta ce a gaya wa mai kamara ta zo da kayanta. Amma wai ban da fuska."

Ta iske an share tsakar gida, an kori yara, an aiki matar Ɗan'auta kasuwa. Inna Delu na zaune a inuwar bango da faifan wake a cinya. Zakiyya ta kafa kamara, ta saita ta a kan hannuwan, baƙaƙe masu jijiya, da tsohon lalle a farce.

"Ba labarina ba ne," in ji Inna Delu. "Wata ce a unguwar nan. Ina jin ma ta rasu."

"To, Inna."

"Shekarar da ruwan sama ya ƙi ne, rijiyoyin kusa duk suka ƙafe. Sai ƙyanda ta shigo Birni, tana ɗibar yara. 'Yar farin matar nan tana wurin surukarta, ta kamu. Aka ce jikin ya yi tsanani, ido ya rufe. To ta yaya za ta je? A ce ta kasa haƙuri, ta kwaso ƙafa ta zo duba 'yar fari? Ga surukinta a zaure, ga dangin miji cike da gida. Ko tambaya ba ta iya yi. In an zo ana ba da labarin jikin sai ta tashi ta shiga madafa, kamar ba da ita ake ba."

Hannuwan suna ta aikinsu, suna ware tsakuwa gefe.

"Abu ɗaya ne ke shigar da matar ɗa gidan surukai ba a tambaye ta dalili ba, ruwa. Sai ta ce ita za ta riƙa ɗebo wa tsohuwa. Rijiyar da ta rage tana can bayan gari, ga layi, ga rana. Ta kawo tulun farko cike, na biyu cike, sai ta ga randa na shirin cika. In randa ta cika, zuwa ya ƙare sai gobe. Sai ta koma ɗebo rabi."

Zakiyya ta ɗago daga bayan kamara. Inna Delu ba ta dube ta ba.

"Mutane ba su sani ba, rabin tulu ya fi cikakke wuyar ɗauka. Ruwan na kai da komowa, yana fizgar wuya. Amma dai rabi-rabi, sawu ya ninka. Tsohuwar ta fito tsakar gida ta yi ta zage ta, kowa na ji, raguwa, mai rabin tulu, an kawo mana wadda ba ta iya cika tulu ba. Dangi na dariya." Ta cire wata tsakuwa daga cikin waken. "Allah ya jiƙan tsohuwar nan. Ranar farko randa a tsakar gida take. Washegari matar ta zo ta iske an mai da ita cikin ɗakin da yarinyar ke kwance. Wai rana na ɗumama ruwa."

Wani zakara ya yi cara a maƙwabta. Zakiyya ta tambaya daga bayan kamara.

"In ta shiga ɗakin, me take yi?"

"Me za ta yi? Ta juya baya ta zuba ruwa. A hankali dai take zubawa, siriri, tana sauraren numfashin. In ta ji yana fita, ta samu ƙarfin komawa rijiya."

"Ba ta taɓa ta ba?"

"Sau ɗaya. Gefen zaninta ya jiƙe, da za ta fita ta bari ya shafi ƙafar. Ƙafar zafi kamar kasko." Hannun ya ɗauki ƙwayar wake, ya juya ta, ya mayar. "Ta so ta ɗauke ta ran nan. Wallahi ta so. Ta fita ta yi kukanta a hanyar rijiya, can ba mai tambayar ka, kowa ya ɗauka gumi ne."

Duk shekarun da Zakiyya ta yi tana wannan aiki, an san ta da hannu mai ƙarfi, hotonta ba ya rawa. A nan ya yi rawa, don ta dafa ƙafar kamarar ba ta sani ba. Daga baya a montaj ta bar shi haka.

"Yarinyar ta tashi, Inna?"

Hannuwan suka tsaya cak a kan waken.

"Ta tashi. Ta yi tsawo ma. Tana can tana yawon ƙauyuka tana hana mutane sakat." Ta karkaɗe faifan. "Kashe abin nan haka nan, wake na jira na."

An nuna fim ɗin a bangon bulama bayan sallar magariba, maza a gefe, mata a gefe, yara a gaba. Zakiyya ta sa bidiyon tagar da farko, da muryar mutumin da komai. Sai hannun Balki riƙe da ƙafar ɗanta. Sai hannuwan Inna Delu a kan wake. Da aka zo wurin rabin tulu, wani gunaguni ya tashi a cikin tsofaffin matan nan da suka yi mata dariya. Wata ta ce, ba da kowa take ba, "Ni aron wuta na riƙa zuwa, ga murhuna na ci." Wata ta ce ita akuyarta ta riƙa kora gidan surukarta da gangan don ta bi ta. Aka yi dariya, wasu na share ido da gefen mayafi. Wani dattijo a ɓangaren maza ya yi gyaran murya ya ce shi ɗan fari ne, bai ƙara komai a kai ba. Da Zakiyya ta tambaya ko akwai abin da za a cire, surukar Balki ta waiwaya can baya inda Balki ke zaune, ta juyo ta ce a bar shi duka, a kuma sa shi a salula ya bi inda wancan ya bi.

Ba a yi kwana biyu ba Majo Fati ta kira.

"Madam, sun zo. A amalanke, kakar na riƙe da shi, ita tana gaba tana kallon hanya. Ya rame, amma ya karɓi abinci. Wannan karon kakar ce na tambaya sunansa."

Zakiyya ta ajiye salula, ta ɗau mayafi ta nufi Birni. Ta iske Inna Delu a inuwar bangon nan, ta durƙusa ta gaishe ta.

"An mai da yaron likita, Inna. Yana ci."

"Madalla," in ji Inna Delu, idonta na kan carbi. "Ɗan'auta bai dawo ba, ga famfon bakin lungu an ce ya kawo ruwa."

Zakiyya ta ce ita za ta ɗebo. Ta ɗauki bokiti ta fita, ta bi layi da 'yan mata da masu garuwa, mace mai furfura a goshi wadda aka sani a tele, ana ta kallon ta. Da ta dawo ta wuce ta gaban tsohuwar za ta ɗakin da randa take. Inna Delu ta leƙa bokitin. Ruwan bai wuce rabi ba, yana kai da komowa. Ta daɗe tana kallon sa.

"Ke," ta ce, "wannan ragwancin a ina kika koyo shi?"

Zakiyya ta shiga ta juya baya, ta zuba ruwan a randa a hankali, siriri, tana jin ƙarar carbi a bayanta. Sannan ta ɗauki bokitin ta koma ɗebo sauran.